JSON, XML ko CSV, wanne za mu ɗauka don manhajojinmu biyu su riƙa magana da juna?

Tambayar a taƙaice: wani ɗan'uwa ne yake aiki a wata ma'aikata, suna da manhaja ɗaya da ke riƙe da bayanan ma'aikata da wata daban da ke lissafin albashi, ana so su riƙa tura wa juna bayanai kai tsaye maimakon duk ƙarshen wata a zauna ana kwafa da hannu. Masu haɗa musu aikin kansu ya rabu, wasu sun ce JSON, wani ya dage sai XML, shi kuma shugabansu yace ai ga Excel nan, a fitar da CSV kawai kowa ya huta. Yana tambaya wanne ne daidai, kuma me yasa ma aka yi tsare-tsare barkatai haka.

Ɗan'uwa sannu da ƙoƙari. A irin aikinku JSON ya wadatar, ku ɗauke shi. Amma dan Allah kar ku ɗauka da an zaɓi JSON shikenan an gama, domin gardamar JSON da XML itace mafi ƙanƙanta cikin abubuwan da za su ba ku wahala. Abinda ke lalata musayar bayanai kusan kullum shine ɓangare biyu basu zauna sun amince kan ma'anar abinda ke cikin saƙon ba, kowa ya fassara yadda ya fahimta, kuma kwamfuta bata tambaya, abinda aka bata shi take aiki da shi ko da shirme ne. Kamar mutum biyu ne suna rubutu da baƙaƙe iri ɗaya amma yarensu daban, kowa zai iya karanta takardar ɗan'uwansa da baki amma bai san me aka ce ba.

Bari in fara da dalilin da yasa ake buƙatar waɗannan tsare-tsaren tun farko. Kowace manhaja tana ajiye bayani a ƙwaƙwalwar kwamfuta yadda ya dace da ita, wadda aka rubuta da Java tana da nata salon, ta Python tana da nata, rumbun bayanai ma da nashi. In za'a tura ta waya ko ta intanet dole a shimfiɗa bayanin ya zama jerin bayit, wato ƙananan gutsattsarin bayani da kwamfuta ke ƙirgawa da su, ɗaya bayan ɗaya, can ɗaya ɓangaren kuma a sake gina shi ya koma yadda yake. Toh yadda za'a shimfiɗa ɗin shine CSV da XML da JSON da sauransu. Sun yi yawa ne saboda kowanne an haife shi a zamani daban don magance damuwa daban, kuma tsofaffin basa mutuwa don akwai manyan na'urori da har yau da su suke aiki.

CSV shine mafi sauƙi, layi ɗaya bayani ɗaya, waƙafi yana raba tsakanin gida da gida. An daɗe ana amfani da shi kafin ma a rubuta masa ƙa'ida, sai a 2005 aka fitar da RFC 4180, ɗaya daga jerin takardun RFC da ake rubuta ƙa'idojin intanet a ciki, ita ma ba doka ta kafa ba, ta bayyana abinda yawancin mutane ke yi ne kawai. Matsalarsa ta farko kowa ya santa, in adireshin mutum yana da waƙafi a ciki sai layin ya karye gida ɗaya ya zama biyu, sai dai a kewaye shi da alamar zance, in kuma rubutun kansa yana da alamar zance sai an ninka ta, kuma ba kowace manhaja ce ke bin wannan daidai ba. A ƙasashe irin Jamus da Faransa da waƙafi suke raba lamba da ɓurɓushinta, wato 3,5 maimakon 3.5, don haka Excel ɗinsu da waƙafi mai ruwa yake fitar da CSV, kaga fayil biyu sunansu ɗaya amma ba iri ɗaya bane. Matsala ta biyu wadda tafi tsanani itace CSV bai san bambancin lamba da rubutu da kwanan wata ba, komai rubutu ne a wajensa, duk manhajar da ta buɗe shi sai ta yi hasashe. Anan Excel ke shigowa da ɓarnarsa. Lambar waya ko lambar asusu da ta fara da sifili zai cire sifilin don ya ɗauka lissafi za'a yi da ita, lambar da ta wuce alƙaluma 15 kuma zai mayar da na ƙarshen sifili, a tsofaffin bugunsa ma ba gargaɗi ba komai, mutum ya danna ajiye ya tura fayil ɗin a haka. Ka duba wannan da kyau tunda albashi kuke magana, lambar asusun banki ce ke cikin fayil ɗin.

Kar ka ga kamar ƙananan ma'aikatu kaɗai abin ke samu. Masana ƙwayoyin gado sun sha fama, akwai ƙwayoyin da sunansu SEPT2 da MARCH1, Excel na ganinsu sai ya mayar dasu 2 ga Satumba da 1 ga Maris, abin ya yi yawa a fayilolin bincike da aka wallafa har a 2020 kwamitin da ke raɗa wa ƙwayoyin gadon ɗan Adam suna ya haƙura ya canza sunayen, MARCH1 ya koma MARCHF1. A wannan shekarar dai lokacin korona, hukumar lafiyar jama'a ta Ingila tana karɓar sakamakon gwaji daga ɗakunan gwaji a CSV tana zubawa a tsohon tsarin Excel na XLS wanda layi 65,536 kawai yake ɗauka, da ya cika sai sauran suka zube, mutum 15,841 da suka kamu basu shiga lissafi a kan lokaci ba, ma'ana an makara wajen neman waɗanda suka yi cuɗanya dasu. Wannan rayukan mutane ne.

Duk da haka ba zan ce CSV bashi da amfani ba, zalunci ne a faɗi haka. GTFS, tsarin da hukumomin sufuri a duniya ke amfani da shi wajen wallafa jadawalin bas da jirgin ƙasa, wanda Google da hukumar sufurin birnin Portland a Amurka suka fara a 2005, fayilolin CSV ne kawai a dunƙule cikin zip, kuma yana aiki lafiya lau a ɗaruruwan birane. Me ya bambanta shi? An rubuta dalla-dalla sunan kowane fayil, sunan kowane gida, wanne ne dole wanne ne ganin dama, yadda ake rubuta lokaci. Tsarin fayil ɗin rarrauna ne amma yarjejeniyar da ke kansa mai ƙarfi ce. Ka riƙe wannan misalin, shine zuciyar maganar.

XML kuma hukumar W3C mai tsara ƙa'idojin yanar gizo ce ta fitar dashi a watan Fabrairun 1998, an tsamo shi daga wani tsohon tsari SGML wanda ya zama ƙa'idar hukumar ƙa'idoji ta duniya ISO tun 1986. Kowane bayani ana buɗe masa alama a rufe, kamar <suna>Wane</suna>, kuma ana iya sa wani cikin wani har zurfin da ake so. Masu cewa XML ya mutu basu leƙa ƙasan abubuwa bane. Fayil ɗin docx da kake rubutu dashi kullum, ka canza ƙarshen sunansa zuwa zip ka buɗe zaka tarar XML ne cike. Hotunan SVG XML ne. Saƙonnin bankuna na zamani XML ne. Ƙarfinsa shine ya zo da kayan aiki cikakku, akwai XSD na tantance ko saƙo ya bi tsari, akwai hanyar raba sunaye don kar kalma ɗaya daga hukumomi biyu ta rikice, kuma ya fi kowa iya ɗaukar takarda mai rubutu gauraye da alamomi irin dokoki da littattafai. Rauninsa yawan surutu, kowane suna sai an rubuta shi sau biyu, kuma mai rubuta manhaja sai ya sha aiki kafin ya mayar dashi abinda zai yi amfani dashi.

Wannan gajiyar ce ta buɗe wa JSON ƙofa. Douglas Crockford ne ya yaɗa shi a farkon shekarun 2000, ya ɗauko yadda yaren rubuta manhaja na JavaScript ke rubuta abubuwa ya tsame ɗan kaɗan, aka rubuta shi a RFC 4627 a 2006, wanda ake bi yanzu kuma shine RFC 8259 na 2017. Iri shida kawai ya sani, rubutu, lamba, eh ko a'a, babu, jeri, sai tarin suna da ƙima. Cikin mintuna mutum zai koya, kowane yaren rubuta manhaja yana karanta shi ba tare da wahala ba, shi yasa ya mamaye intanet. Amma ka lura da abinda babu a cikin shidan nan. Babu kwanan wata. Babu kuɗi. Babu bambanci tsakanin lamba cikakkiya da mai ɓurɓushi. Babu ma wajen rubuta sharhi, da gangan aka cire. Duk waɗannan ku ne za ku yanke su da kanku, kuma anan nake so in daɗe don nan ne aikinku yake.

Ɗauki kwanan wata. Manhajar ma'aikata ta turo ranar fara aiki 03/04/2025. A Amurka 4 ga Maris ne, a Ingila da yawancin duniya 3 ga Afrilu ne, kuma mugun abin shine duka biyun kwanan wata ne ingantacce, babu kuskuren da zai fito, sai dai wani ya samu albashin wata guda da bai yi aiki ba ko a hana shi nasa. Za'a iya shafe watanni ba'a gane ba don duk ranar da ta wuce 12 ga wata manhajar zata iya fahimtarta daidai, daga 1 zuwa 12 ne kawai ke juyewa. Maganin ya daɗe, ISO 8601 tun 1988, shekara, wata, rana, 2025-04-03, ba mai ruɗewa kuma in an jera su a matsayin rubutu ma suna jeruwa daidai da lokaci. In da awa a ciki to dole a faɗi na wane yanki ne, 2025-04-03T09:00:00Z wannan Z ɗin yana nufin agogon UTC, wato agogon duniya na bai ɗaya, ko a sa +01:00 da makamantansu, RFC 3339 ta tace wannan don amfanin intanet. Amma kuma kar a wuce gona da iri, ranar haihuwa rana ce kawai bata da awa bata da yanki, in ka ajiye ta a matsayin sha biyun dare na UTC sai wata manhaja da ke yammacin duniya ta juya ta zuwa agogonta mutum ya koma an haife shi kwana ɗaya kafin ainihin ranarsa. Wannan kuskuren ina ganinsa sosai kuma yana ɓata min rai don layi ɗaya a takardar yarjejeniya ya isa hana shi.

Sai kuɗi. Yawancin manhajoji in suka karanta lamba daga JSON suna ajiye ta ne a tsarin IEEE 754 mai bit 64, wanda da biyu-biyu yake ƙirga ba da goma-goma ba, don haka akwai ɓurɓushin da baya iya riƙewa cif. Ka buɗe burauza ka tara 0.1 da 0.2 zai baka 0.30000000000000004. A layi ɗaya ba komai bane, a albashin mutum dubu da haraji da cire-cire sai jimilla ta ƙi daidaita, akanta ya kwana yana neman abinda ba shi ya ɓatar ba. Ko dai ku tura kuɗin a matsayin rubutu "1250.75" a karanta shi da nau'in lamba na goma-goma, ko ku tura shi cikakkiyar lamba ta ƙaramin rukunin kuɗin wato 125075, duka biyun ana yi, amma a rubuta wanne aka zaɓa don in ɗaya ya turo na biyu ɗaya ya karanta a matsayin na farko an ninka albashi sau ɗari kenan. Kuma kullum a haɗa da lambar kuɗin ta ISO 4217 mai harafi uku irin USD ko EUR, don ba kowane kuɗi ne ke da gida biyu bayan aya ba, yen na Japan bashi da ko ɗaya, dinarin Kuwait uku gare shi.

Wannan tsarin lambar yana da wani tarko kuma. Babbar cikakkiyar lamba da JavaScript ke riƙewa ba tare da kuskure ba itace 9007199254740991, in ta wuce nan alƙaluman ƙarshe sai su canza shiru. Twitter sun ci karo da wannan a 2010 da lambobin saƙonninsu suka girma, dole suka ƙara gida na biyu mai suna id_str inda suke turo lambar a matsayin rubutu. Ƙa'idar da nake bi mai sauƙi ce, duk abinda ba za'a tara shi ko a ɗebe shi ba to rubutu ne ko da alƙaluma ne zalla, lambar ma'aikaci, lambar asusu, lambar waya, duk a sa su cikin alamar zance.

Maganar ma'auni ba sai na ja ba, a watan Satumban 1999 NASA ta rasa kumbon Mars Climate Orbiter saboda wata manhaja tana fitar da ƙarfin tunkuɗa a ma'aunin fam ɗaya kuma tana karanta shi a matsayin niyuton. Fayil ɗin lafiyarsa ƙalau, ya karantu tsaf, lambobin ne ma'anarsu ta bambanta. A wajenku in an rubuta hutu 20, kwana ne ko awa, kwanakin aiki ne ko har da ƙarshen mako? In an rubuta albashi, kafin haraji ne ko bayansa, na wata ne ko na shekara? Ku sa amsar cikin sunan gidan in zai yiwu, hutu_kwanakin_aiki ya fi hutu kawai.

Akwai wani da mutane basa tunawa sai ya cije su, bambancin abu uku, gidan babu shi kwata-kwata a saƙon, gidan yana nan amma an sa null wato babu, gidan yana nan da rubutu fanko. Manhajar ma'aikata ta turo gyara babu lambar asusu a ciki, shin tana cewa kar a taɓa wadda ke nan ne, ko tana cewa a goge? JSON ba zai gaya maka ba, XML ma haka. Ku yanke, ku rubuta.

Sai haruffa. Ku dage kan UTF-8, tsarin da ke mayar da haruffa bayit, tun daga farko har ƙarshe, Ken Thompson da Rob Pike suka tsara shi a 1992 kuma yau shi ne ya mamaye intanet, RFC 8259 ma ta ce JSON ɗin da ke yawo tsakanin na'urori daban-daban dole ya zama UTF-8. Haruffa irin ƙ da ɗ da ɓ bayit biyu-biyu suke ci a cikinsa, in wata tsohuwar manhaja a tsakiya ta ɗauka kowane bayit harafi ne sai sunan mutum ya fito da wasu alamomi marasa kan gado ko alamar tambaya, in kuma aka ajiye shi da alamar tambayar to asalin harafin ya tafi ba dawowa. Haka nan in ance gida yana ɗaukar 50, a tambaya haruffa 50 ko bayit 50. CSV anan ma ya fi rauni don babu inda yake faɗin da wane tsarin haruffa aka rubuta shi. Wannan ma dalili ne da zai hana ku haɗa bayanan mutum ta hanyar sunansa, a bi lambarsa ta dindindin, suna yana canza rubutu daga wannan manhaja zuwa waccan.

Toh duk waɗannan shawarwarin a ina za'a ajiye su? Ba a kan mutum ɗaya ba, ba a tsohon imel ba. A rubuta su a tsarin da kwamfuta kanta zata iya dubawa. In XML ne XSD, in JSON ne akwai JSON Schema, zaka ce wannan gidan dole ne, wannan rubutu ne mai siffar kwanan wata, wannan ɗaya ne cikin ƙimomi huɗu kacal, in kuma ta API za ku yi, wato ƙofar da manhaja ke buɗe wa wata manhaja, akwai OpenAPI wanda ya samo asali daga Swagger, yana bayyana ƙofofin da saƙonnin gaba ɗaya. Sannan a tantance kowane saƙo a bakin ƙofa, wanda bai cika ba a mayar dashi da bayanin dalili. Akwai tsohuwar shawara ta Jon Postel daga 1980 da ke cewa ka tsaurara a abinda kake turawa ka sassauta a abinda kake karɓa, ta taimaki intanet lokacin yana jariri, amma a ganina a harkar albashi bata dace ba. In ka karɓi gurɓataccen saƙo ka gyara shi da hasashe, mai turowa ba zai taɓa sanin yana kuskure ba, bayan shekara biyu kuskuren ya zama shine ƙa'ida kuma ba mai iya taɓa shi. Hukumar IAB mai sa ido kan tsarin intanet ma a RFC 9413 ta 2023 ta yi bayanin illar wannan sassaucin in ya daɗe.

Za ka ji ana ambaton Protocol Buffers, Google suka sake shi ga jama'a a 2008. Shi ba rubutu bane da mutum zai buɗe ya karanta, bayit ne zalla, kowane gida lamba ake bashi maimakon suna don haka ya fi ƙanƙanta ya fi sauri. Avro ɗan'uwansa ne, Parquet kuma na ajiye tulin bayanai ne don nazari, yana jera su gida-gida maimakon layi-layi. In kuna tura miliyoyin saƙonni a sakan suna da amfani sosai, ku da kuke tura bayanan ma'aikata sau kaɗan a rana ba ku buƙatarsu, gara abinda zaka buɗe da idonka ka gani ranar da abu ya lalace. YAML kuma ku bar shi a fayilolin saiti, yana da daɗin karantawa amma shi ma ɗan hasashe ne, a tsohon salonsa na 1.1 in ka rubuta NO, lambar ƙasar Norway, ba alamar zance sai ya karanta shi a matsayin a'a.

Kafin ku ƙirƙiro naku tsarin ku duba ko fagenku yana da nasa, wannan yana da muhimmanci musamman ta ɓangaren da za ku fita waje. Bankuna suna da ISO 20022 wanda aka fara wallafawa a 2004, SWIFT, hanyar da bankunan duniya ke tura wa juna saƙo, ta fara ƙaura zuwa gare shi a watan Maris 2023 don biyan kuɗi tsakanin ƙasashe, tsohon saƙon MT103 ya koma pacs.008, kuma umarnin biyan kuɗi daga kamfani zuwa bankinsa akwai saƙon pain.001 da aka tanada dominsa. Katin ATM da na'urar POS da ISO 8583 suke magana. Asibitoci suna da HL7 tun 1987 da sabon FHIR wanda ke iya fita a JSON ko a XML duk ma'ana ɗaya, wannan kaɗai ya isa nuna maka cewa ma'anar ce aka yi wa ƙa'ida, sutura kuma zaɓi ne. Jigilar kaya da kasuwancin ƙasa da ƙasa har yau EDIFACT na Majalisar Ɗinkin Duniya da X12 na Amurka suna ɗauke da su, tsofaffi ne masu wuyar karantawa amma suna aiki. Don haka in bankinku yace fayil ɗin albashi XML ne na tsari kaza, ba gardama, shi za ku bashi, tsakanin manhajojinku biyu kuma ku yi JSON ɗinku. Ba laifi bane ma'aikata ɗaya ta yi amfani da biyu.

Tsaro kuma kar a manta tunda bayanan mutane ne. Mai karanta XML in ba'a kashe masa wasu abubuwa ba ana iya yaudararsa ya buɗe fayil na cikin sabar ya miƙa wa maharin, shine ake kira XXE, akwai kuma ɗan ƙaramin fayil da ke kumbura ya zama kwafi biliyan ɗaya ya cinye ƙwaƙwalwar na'ura, maganin duka shine a kashe DTD, wato ɓangaren XML da waɗannan dabarun ke bi ta cikinsa, in ba'a buƙata. CSV ma yana da nasa, in wani ya rubuta sunansa ya fara da alamar = sai Excel ya ɗauke shi a matsayin umarnin lissafi ranar da aka buɗe. Kuma babu ɗaya cikin tsare-tsaren nan da ke ɓoye bayani, JSON a fili yake kamar CSV, ɓoyewa aikin TLS ne, wato tsarin da ke kulle saƙo a hanya, da kuma tantance wanda ke ƙwanƙwasa ƙofa.

Abu na gaba wanda zai zo muku tabbas shine canji. Yau kun amince kan gida goma sha biyu, baɗi a ce a ƙara alawus na sufuri. Ƙara sabon gida wanda ba dole ba bai kamata ya karya komai ba, da sharaɗin tun yau kun amince cewa mai karɓa zai tsallake gidan da bai sani ba maimakon ya faɗi, ka lura wannan daban yake da karɓar gurɓataccen bayani da nace a guje wa. Amma cire gida, ko canza masa suna, ko canza nau'insa, ko mafi muni a bar sunan a canza ma'anar, misali albashi jiya na wata ne yau ya koma na shekara, wannan sabon bugu ne, a bashi lamba 2, a bar na ɗaya yana aiki har ɗaya ɓangaren ya shirya, a sa ranar da za'a kashe shi. Masu Protocol Buffers suna da doka mai kyau a nan, lambar gidan da aka goge ba'a sake ba wani gidan ita har abada, don kar tsohon saƙo ya zo a fassara shi da sabuwar ma'ana. Ku ɗauki wannan dokar ko a JSON ɗinku, sunan da ya yi ritaya ya tafi kenan.

Sannan ku tambayi masu haɗa muku aikin wannan tambayar kai tsaye, in an tura saƙo intanet ya yanke kafin amsa ta dawo, me zai faru? Mai turawa bai san ko ya isa ba, zai sake turawa, in kuwa ya isa a karon farko to ƙarin girma ko alawus ɗin ya shiga sau biyu. Kowane saƙo ya kamata ya zo da lambar shaida tasa da ba'a maimaitawa, irin UUID, mai karɓa yana ajiye waɗanda ya riga ya yi aiki dasu, in ya sake ganin ɗaya sai ya amsa da na gani ba tare da ya sake aiwatarwa ba. Haka in gyara biyu kan mutum ɗaya suka iso a juye, na baya ya riga na farko, a sa lokaci ko lambar jeri a kowane gyara don tsoho kar ya taka sabo. Kuma kafin ku buɗe shi ga albashin gaske ku haɗa saƙonnin gwaji masu wuya da gangan, suna mai ƙ da ɗ, adireshi mai waƙafi da alamar zance, lambar asusu mai sifili a gaba, ranar 29 ga Fabrairu, ranar 3 ga Afrilu, ma'aikacin da bashi da sunan tsakiya, wanda ya bar aiki ya dawo, ku tura su ta hanyar gaba ɗaya ku kwatanta abinda ya fito da abinda ya shiga harafi da harafi, sannan a wata biyun farko ku bar tsohuwar hanyar kwafi tana tafiya gefe da gefe ana haɗa jimillar biyun kafin a biya kowa.